Ɗan Yayana, Kocin Ƙaramar Ƙungiya a Rasha

Ni 'yar kasuwa ce. Atamfa da shadda nake sayarwa a Grand Marché, babbar kasuwar garinmu, a shagon da na gada wurin mahaifiyarmu, kuma har na fara aurar da 'ya'ya ban san mutum nawa ke buga ƙwallo a fili ba. Amma yau in ka tambaye ni yadda ƙungiya ke faɗowa daga rukuni na biyu zuwa na uku a ƙasar Rasha, zan zaunar da kai in yi maka bayani. Ba sha'awa ce ta koya mini ba. Yayana ne, da ɗansa.

Mu mutanen unguwar Ridina ne. Kakanmu ya taso daga ƙasar Hausa da ƙafa zai tafi Makka, ciwo ya tsayar da shi a garin nan, ya warke, ya yi aure, tafiyar ba ta ƙarasu ba. A gida Hausa muke yi, in mun fita waje mu juya Larabci. Cikin 'ya'yan da Inna ta haifa mu biyu muka rayu, Yaya da ni. Shi aka sa a lekol, wato makarantar boko, kansa kuwa yana ja, har gwamnati ta tura shi Rasha karatun likitan dabbobi. Ina yarinya lokacin. Abin da na fi tunawa shi ne wata ƙatuwar rigar sanyi da aka sayo masa a gwanjo, ya gwada ta a tsakar gida cikin zafin bazara, gumi na zuba, mu kuma muna ta dariya.

Ya daɗe a can. Ya auri wata 'yar ƙasar da ke aiki a makarantarsu, suka haifi ɗa namiji. Sai ƙasar ta rikice, takardunsa na zama suka ƙare, aiki babu, a nan gida kuma mahaifinmu ya kwanta ciwon ajali. Yaya ya dawo da niyyar ya kama aiki, ya gyara ɗaki, ya koma ya ɗauko iyalinsa. Ɗakin kam ya gyara shi, ya yi masa siminti, har fanka ya sa. Matar ba ta zo ba. Ban taɓa ganin laifinta ba, don a lokacin garin nan wuta sai an ga dama, kuma ba a daɗe da daina jin harbi ba. Shi ma bai samu komawa ba. Yau biza ce ta hana, gobe an tura shi daji rigakafin shanu, jibi wani abu daban. A waya auren ya mutu. Yaron ko makaranta bai shiga ba lokacin da uban ya baro shi. Yaya ya sake aure a nan, Allah bai ba su haihuwa ba, daga baya suka rabu lafiya. Saboda haka ɗa ɗaya ke gare shi a duniya, shi ma a inda hannunsa ba ya kaiwa.

Uwar yaron mutuniyar kirki ce, ba ta yanke zumunci ba. Takan ba shi labari jefi-jefi. Ta bakinta muka ji cewa yaron ba abin da ya sa a gaba sai ƙwallo. Wata rana da hantsi, bayan an fara buɗe shagunan intanet a gari, sai ga Yaya a shagona da takarda a hannu, an buga hoto a kai. Samari ne a jere cikin riguna iri ɗaya, wasu a tsugune, wasu a tsaye, duk farare, sai ɗaya a layin baya can gefe, dogo, fatarsa kamar shayi da madara.

"Nuna mini naki," in ji Yaya.

Na ɗora yatsa. Ya karɓe takardar, ya shafa inda na taɓa da bakin rigarsa.

Da muka kai wa Inna ta daɗe tana dubawa, ta matso da hoton kusa da ido, ta ce goshin nan na mahaifinmu ne. Sannan ta tambaya, "To wane aiki yake yi?"

"Shi ne aikin, Inna. Ƙwallo."

"Ana ci da shi?"

"Ana ci."

"To Allah ya sa albarka," ta ce, amma na ga ba ta gamsu ba.

Labari ya bazu a unguwa cewa ɗan likita yana buga ƙwallo a Turai. Maza suka dinga tare Yaya a ƙofar masallaci suna tambaya wace tasha za a kama a gan shi. Da farko yakan yi bayani: ba irin ƙungiyoyin da ake nunawa a talabijin ba ne, ƙanana ne, na garuruwan da ke da masana'anta ɗaya da tashar jirgin ƙasa. Mutane ba sa son jin haka. Daga baya ya daina, in an tambaye shi sai ya ce, "Yana nan yana ƙoƙari."

Ni ce yake gaya wa gaskiya. In ya taso daga aiki yakan biyo ta shago, in sa a kawo masa shayi, ya zauna kan bandir ɗin shadda ya ba ni labari. Yaron mai tsaron baya ne, wato aikinsa ya hana a ci su, ba shi ke ci ba, shi ya sa ba a cika ambatonsa ba sai in ya yi kuskure. Sukan kwana su wuni a jirgin ƙasa don su je su buga wasa ɗaya a filin da ya zama taɓo, gaban 'yan kallon da ba su kai mutanen ɗaurin aure ba. Kusan kowace shekara sai ya sake gari. Wata ƙungiyar ta sallame shi, wata shi ya bar ta, wata kuma masana'antar da ke riƙe da ita aka sayar, aka wayi gari babu ƙungiyar gaba ɗaya. Yaya ya sayi taswira ya manna a bangon ɗakin nan da ya gyara, yana bin garuruwan da ido. Wasu sunayen ma babu su a taswirar.

Wata rana ya zo bai sha shayin ba. Na tambaye shi lafiya, ya ce uwar yaron ce ta gaya masa abin da yaron bai taɓa faɗa ba. A wasu garuruwan, in ya taɓa ƙwallo, sai 'yan kallo su kama kukan biri.

"Ni na ba shi fatar," in ji Yaya. "Ita kaɗai na ba shi."

Wata mata ta shigo tana tambayar leshi, na tashi na sauko mata da shi.

Sau ɗaya abin ya so ya yi kyau. Wata babbar ƙungiya, irin wadda ake nunawa a talabijin, ta kira shi gwaji. Yaya ya yanka rago ya raba sadaka bai gaya wa kowa dalili ba. Kafin ranar gwajin ta zo, a wani wasa da ba shi da wani muhimmanci, kan filin da sanyi ya daskarar, gwiwarsa ta goce. Aka yi masa aiki, ya yi watanni da sanduna. Inna ta aika aka nemo mata man jimina na gaske, ta zuba a kwalba, ta naɗe da tsumma, ta ce a kai wa jikanta ya riƙa shafawa. Muka yi ta cigiyar mai tafiya Rasha. Ɗalibin da muka samu ya ce ba za a bar shi ya shiga jirgi da shi ba. Kwalbar tana kan kantar ɗakinta har Allah ya karɓi ranta, ba ta taɓa jin muryar yaron ba.

Ya koma wasa, amma ƙafar ba ta koma daidai ba. Ya ƙara 'yan shekaru yana gangarowa, daga rukuni na biyu zuwa na uku, daga na uku zuwa na yanki, inda 'yan wasa ke da wani aikin da rana. Sannan ya ajiye. Ya yi karatun horarwa, ya fara da yara, aka ɗauke shi mataimaki, har wata shekara kocin ƙungiyar ya yi faɗa da masu ita ya tafi, aka ce shi ya riƙe.

Lokacin ne wayoyi masu hoto suka zo hannun kowa, uba da ɗa suka fara ganin juna. Na zaci in sun haɗu za su yi maganar shekarun da suka wuce. Ina! Ƙwallo kawai. Na sha zama kusa da su ina jin Rashanci na zuba kamar ana tauna tsakuwa, in an gama in tambaya me aka ce.

"Na gaya masa ya ƙara mutum a tsakiya."

"Yaya, kai me ka sani a ƙwallo?"

"Ba abin da na sani. Amma yana saurare."

Ranar da ya fara juyo da wayar gare ni, na ga namiji sosai, mai faɗin kafaɗa, gashin gabansa ya fara zubewa. Yaya ya koya masa kalmar, ya faɗe ta da ƙyar: "Gwaggo." Na ce na'am, na yi ta jera gaisuwa, ina gajiya, ina iyali, ina sanyi, yana ta gyaɗa kai yana murmushi, bai ji ko ɗaya ba.

Shekarun nan su ne mafi daɗi da na gani a wurin Yaya. Ya yi ritaya, ba shi da aiki sai bin ƙungiyar ɗansa. Ba a nuna wasanninsu a ko'ina, sai wani shafi a waya da ke nuna sunaye biyu da lambobi a tsakani. Ran Asabar da rana yakan zauna a zaure ya zuba wa lambobin ido har a tashi. Wata shekara suka ƙare a sahun gaba, har jaridar garin ta buga hoton kocin an ɗaga shi sama. Shekarar da ta biyo aka sayar da 'yan wasansa masu kyau, aka sallame shi da suka fara faɗuwa. Ya samu wata ƙungiyar. Yaya ya ce haka aikin yake, koci ba ya kwance jakarsa.

Wata Juma'a, bayan an sauko daga masallaci, Yaya ya sunkuya zai sa takalmi ya faɗi. Aka kai shi asibiti. Ɓarin jikinsa na dama ya shanye, magana kuma ta tafi. Hausa, Larabci, Faransanci, Rashanci, duk harsunan nan da yake taƙama da su, ba wanda ya rage. Yana ji, yana ganewa, ido na nan tar, amma in ya buɗe baki sai wani sauti ɗaya ya fito. Da aka sallame shi mijina ya ce a kawo shi gidanmu a unguwar Abena, muka gyara masa ɗakin baƙi.

Sai a lokacin na gane cewa shi kaɗai ne gadar da ke tsakaninmu da yaron. Wayar Yaya ta yi ta ƙara, na ɗauka, ga fuskarsa, yana tambaya, ni ina bayani, ba mai jin wani. Ƙarshe na juya wayar na nuna masa uban a kwance. Sai na ji ya kira shi da kalmar da ko ni na gane, "Papa."

Maƙwabcina a kasuwa mai sayar da wayoyi shi ya sa mini abin fassara. In yi magana da Larabci, wayar ta rubuta da Rashanci, shi ya amsa, ta karanto mini. Larabcinmu na nan ba shi wayar ta sani ba, sai na riƙa lanƙwasa harshe ina kwaikwayon na masu wa'azi. Sau da yawa shirme take kawowa. Na ce mata Yaya ya sha kunu, ta gaya masa wani abin da ya sa ya tambaya ko an kira likita. Da haka dai muka riƙa lallaɓawa.

Ya ce zai zo. Ya je ya nemi izini wurin mai ƙungiyar, wani ɗan kasuwar katako, mutumin ya ce masa ƙungiya tana ƙasan teburin gasa, in ya tafi yanzu kada ya dawo. Yaron kuwa yana da mata da 'ya ƙarama. Ya ce mini, ta bakin waya, "Gwaggo, in an yi hutun sanyi." Na ce Allah ya kai mu. Me zan ce?

Ran Asabar na daina fita kasuwa da rana. Nakan jingina Yaya da matasai, in riƙe masa wayar a gaban ido, mu kalli lambobi. Nan na koyi komai: cewa in an ci wasa maki uku ne, kunnen doki ɗaya, cewa na ƙarshe biyu su ke faɗawa ƙasa. Ban iya karanta rubutunsu ba, amma na haddace siffar sunan ƙungiyarmu, akwai wani harafi a farkonsa mai kama da ƙofa. Sai lambar ɗaya ɓangaren ta motsa, ka ji numfashin Yaya ya canza. Hannuna yakan gaji, in sauya, in ci gaba da riƙewa. Ba ma ganin fili, ba ma ganin ƙwallo, ba mu san wa ya yi kuskure ba. Muna zaune a ɗaki a Abena, fanka na juya iska mai zafi, ana cin ɗanmu a wani garin da ƙanƙara ke zuba, mu kuwa ko ihu ba mu da wanda za mu yi wa. Mijina ya ce in daina nuna masa, yana tayar masa da hawan jini. Na gwada wata Asabar, na ce wayar ba caji. Ya kafe ni da ido, ya ƙi cin abinci har la'asar. Ban sake ba.

Hutun sanyi ya zo, aka ce ƙungiya za ta tafi sansanin horo, dole koci ya kasance. Aka dawo wasa, suka ci gaba da faɗuwa. Wata Litinin sai ga saƙo, wayar ta karanto mini da muryarta marar daɗi: "An kore ni. Ina zuwa." Ban san ko in yi masa jaje ko in yi hamdala ba. Da na gaya wa Yaya, gefen bakinsa mai rai ya motsa, hawaye kuma na zuba. Shi ma ina jin bai sani ba.

A tsakiyar bazara ya sauka, lokacin da ko mu 'yan gari ba ma fita da rana. Ni da mijina muka je filin jirgi. Tun daga nesa na gane shi da ɗingishinsa. Ya fi yadda nake zato tsayi, kuma ya fi yadda nake zato tsufa, akwai furfura a gemunsa. Ya tsaya gabana ya rasa yadda ake yi, ya miƙo hannu, ya janye, ya ɗan rusuna. "Sannu, Gwaggo," ya ce. Na kama hannun da hannuwana biyu. Jikinsa duk ya jiƙe kafin mu kai mota.

Tun da safe na sa aka yi wa Yaya aski, muka sa masa farar shadda da hula, muka zaunar da shi a kujera. Da ɗan ya shiga ɗakin sai ya tsaya a bakin ƙofa. Sannan ya taka, ya durƙusa da ƙyar saboda gwiwar, ya ɗora kansa a cinyar uban ya fara magana. Ya daɗe yana yi, a hankali, ba tsayawa. Ban kunna abin fassara ba. Yaya ya ɗora hannun hagu a kansa, daga nan ya gangaro da shi yana lalube har ya kai ga gwiwar, ya tsaya kan tabon ɗinkin yana shafawa.

Da ya sunkuya ne wata sarƙa ta zamo daga wuyan rigarsa, da ƙaramin gicciye. Na gani, mijina ya gani. Yaya ma ya gani. Ya kai yatsa ya taɓa shi, ya ɗan riƙe, sannan ya mayar masa cikin riga. Da muka fito tsakar gida mijina ya ce, "Ya kamata a yi masa magana." Na ce, "Da wane bakin? Kuma wa ya rene shi?" Bai sake tayar da zancen ba, ni ma haka, amma ban daina sa shi a addu'a ba.

Cikinsa bai karɓi abincinmu ba. Na yi kisar, irin sinasir ɗinmu na nan marar kauri, da miyar kuɓewa, na yi tuwo, na yi shinkafa, ya ɗanɗana don kunya, ya kwana yana zagayawa. Ƙarshe burodi da shayi ya koma, sai ruwan karkanji mai sanyi, wato zoɓo, da ya kama so. Amma jinya kam ya iya. Shi ke ɗaga uban kamar jariri ya kai shi wanka. Yakan kama ƙafar da ta mutu yana lanƙwasawa yana miƙewa, yana ƙirga wani abu da yarensu, yadda aka yi masa lokacin tasa gwiwar. Ya sa muka koma wurin likita, ya tambaya ko za a iya ɗaukar uban zuwa Rasha. Likitan ya ce zuciyarsa ba za ta ɗauki jirgi ba. Ya tambaya ko maganar za ta dawo. Likitan ya buɗe hannuwa.

Unguwa kuwa ta ji cewa kocin Turai ya sauka a gidanmu. Tun kwana na biyu aka fara sallama. Iyaye maza da 'ya'yansu samari, wasu da takalman ƙwallo rataye a wuya. Masu ƙungiyar unguwa suka zo a ƙungiyance suka roƙi ya je ya ga wasansu. Ya yarda, kuma da yake ni ce mai wayar fassara, dole na yafa mayafi na bi shi. Ranar na fara taka filin ƙwallo a rayuwata, wani fegi mai rairayi a bayan makaranta, da la'asar sakaliya.

Can na ga wani mutum daban. Wanda ke takure a gidana yana gumi, da ya shiga fili sai ya miƙe. Ya tsayar da wasa da fito, ya kama wannan ya matsar, ya ja wancan baya, ya zana layi a ƙasa da ƙafa. Ba ya bukatar wayata, samarin suna gane shi. Ya nuna wa masu tsaron baya yadda za su riƙa tafiya tare kamar an ɗaure su da igiya. Har dariya na ji ya yi, irin ta Yaya sak.

Da aka tashi sai aka kewaye shi. Wani dattijo mai faci, da na san shi tun muna Ridina, ya turo ɗansa gaba ya ce mini, "Hajiya, gaya masa ya tafi da wannan. Ko share fili ne ya yi, in dai ya fita." Wasu ma suka ce nasu. Na faɗa wa waya, ta faɗa masa. Fuskarsa ta sauya. Ya yi magana gajeriya, na ɗaga wayar, ta faɗa da ƙarfi kowa na ji: "Ni kaina ba ni da aiki. An kore ni. Ba wanda zan iya kaiwa ko'ina."

Wani daga baya ya ce da Larabci, Nasara dai, wato Bature, ba ya son taimako. Ban fassara ba, amma ya ga fuskokin. Da muka kai ƙofar gida sai ya karɓi wayar ya yi magana a ciki ya miƙo mini. "A can ni baƙi ne, a nan Nasara." Na ce masa a gidan nan kai ɗa ne. Ban san me wayar ta gaya masa ba, ya dai gyaɗa kai.

Bai cika wata ba aka kira shi. Wata ƙungiya ce can gabashin ƙasarsu, inda ya ce daga babban birni ma sai an yi tafiyar da ta fi ta nan zuwa babban birnin nisa. Kocinsu ya ajiye, suna son wani nan take, in bai zo cikin makon ba za su ɗauki wani. Ya zauna a bakin gadon uban ya gaya masa. Ina tsaye. Yaya ya daɗe yana kallonsa, sannan ya ɗaga hannun hagu ya kaɗa shi waje, alamar tafi. Ɗan ya girgiza kai. Yaya ya sake kaɗawa, da ƙarfi, har da sautin nan nasa. Ranar tafiyar ya yi masa wanka, ya yanke masa farce, ya sumbaci goshinsa. Da motar ta tashi na koma ɗakin, na tarar Yaya ya juya fuska bango.

Muka koma kallon lambobi. Sabuwar ƙungiyar saboda nisan gabas da sassafe take wasa a agogonmu, sai in idar da sallar asuba in zo in riƙe masa waya. Sun ɗan taɓuka da farko.

Cikin damina Yaya ya rasu, wata Talata da safe, ina ba shi kunu. Ba wata wahala, ya kawar da kai daga cokali, shi ke nan. Na yi ta kiran yaron bai ɗauka ba, ashe suna cikin jirgi za su wasa. Aka yi wanka, aka yi sutura, aka yi salla bayan azahar, maza suka ɗauke shi. Sai da la'asar ya kira. Na faɗa wa wayar, ta faɗa masa. Na ji wani ƙara kamar ya zauna a ƙasa. Sannan ya yi magana da sauri, wayar ta ce: "Ku jira ni. Zan nemi jirgi. Kada ku rufe shi sai na zo."

A lokacin maza sun riga sun dawo, suna wanke ƙafa a ƙofar gida. Na ce mu a nan ba ma kwana da mamaci. Ya ce bai gane ba. Na sake faɗa da wasu kalmomin. Ya ce, "Yau ya mutu. Yaya za a ce an binne shi yau?" Na riƙe wayar ina kuka, shi ma yana yi, matan da suka zo gaisuwa suna kallona. Muna haka har layin ya yanke.

Bai zo ba, don babu abin da zai zo ya tarar. Ƙungiyar ta tsira a shekarar da ƙyar, shekara ta gaba gwamnan yankin ya janye tallafi, ta koma ta 'yan sa kai. Ya sake komawa wani gari. Yanzu mataimaki ne kuma, a ƙarƙashin wani yaro da shi ya taɓa horar da shi. Muna gaisawa da salla, da ranar da suke bikin sabuwar shekara. 'Yarsa ta girma, an nuna mini ita, ta ɗaga mini hannu ta gudu.

Bara ya roƙe ni abu ɗaya. Ya ce in ɗauko masa hoton kabarin, yana so ya nuna wa uwarsa da 'yarsa, a wurinsu ana zuwa a zauna kusa da mamaci a kai masa furanni. Mu mata ba ma zuwa maƙabarta, sai na roƙi mijina. Ya tafi da safe da wani cikin waɗanda suka yi haƙan, bai dawo ba sai azahar, ƙafafunsa duk ƙaya. Ya ce damina biyu ta wuce a kai, ƙasa ta kwanta, an yi sababbi da yawa a wurin, itacen da suka kafa don shaida babu shi. Shi yana cewa nan ne, abokin tafiyarsa yana cewa can gaba kaɗan. Ƙarshe ya ja baya ya ɗauki wurin gaba ɗaya: fili, tudun ƙasa birjik, wata bishiyar aduwa a gefe.

Na tura masa. Ya tambaya wanne ne a ciki. Na ce yana kusa da bishiyar. Sai ya rubuto da Hausa, ban san inda ya samo ba, "Na gode, Gwaggo."